Kafin ka sayi dutsen katangar tare ƙasa, ka lissafa abin da za a binne

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a jaridarka in yi magana da masu gini a kan gangare, da masu filin da ruwa ke cin gefensa, waɗanda suka ƙudura tayar da katangar dutse don ta riƙe musu ƙasa. Ni magini ne, a aikin dutse na yi furfura, kuma babu tambayar da na fi sha kamar wannan: tifa nawa zan sayo? Mai tambayar yakan so amsa nan take, a tsaye, tun ba a warware tef ba. In ka ce masa a bari a auna tukuna, sai ransa ya ɓaci, yana ganin jan rai ne ko hanyar ƙara masa kuɗi. Shi ya sa nake so in baje lissafin a fili, yadda duk mai biro da takarda zai iya yi da kansa.

Ana cewa ido ba mudu ba ne, amma ya san kima. A wurare da yawa haka ne. A katangar tare ƙasa kuwa ido na yaudara, domin fuskar katangar kaɗai yake gani. Ba ya ganin kaurinta, wanda a gindi yakan kai rabin tsayinta. Ba ya ganin sahun da aka binne a rami, ko tsakuwar da aka shimfiɗa a ƙarƙashi, ko wadda aka zuba a baya don ruwa ya sami hanya. Waɗannan ɓoyayyun su suka fi cin kaya, kuma su ke riƙe da ƙasar.

Da a ce illar gajeren lissafi ita ce kawai a sake tura mota, da ban dame ka da wasiƙa ba. Abin da ke faruwa a wurin aiki ya fi haka muni. Dutse ya ƙare katanga tana rabi, mai gida ya riga ya kashe abin da ya ware, sai ya dubi magini ya ce, "Malam, a yi maneji da abin da ya rage." Magini mai raunin zuciya sai ya rage a inda ba a gani. Ya tsuke kauri, ya cika tsakiyar katanga da ƙasa, tsakuwar baya kuma ya bar ta gaba ɗaya. Ranar da aka gama, katangar na da kyau kamar kowace. Damina ke tona asiri.

An taɓa kirana in duba wata da ta yi ciki bayan ruwa mai ƙarfi. Fuskarta gwanin sha'awa, duwatsu sun zauna daram, an shafe tsakaninsu da siminti sumul. Da muka zare dutse guda a tsakiyar kumburin, ruwa ne ya fara tsartuwa, ja, mai laka. Na zura hannu har gwiwar hannu ban taɓa dutse na biyu ba. Abin da na ciro jar ƙasa ce sharkaf, da fasassun bulo, da yagaggen buhun siminti. Katangar duka kaurin dutse ɗaya ce. A ƙasanta kuma akwai hanyar da yara ke bi. Tun daga ranar na daina ɗaukar ƙiyasin dutse a matsayin maganar kuɗi kawai.

Katangar zagaye gida kanta kaɗai take ɗauke da shi, sai iska. Ta tare ƙasa kuwa dare da rana ƙasa na tura ta, kuma ba ta da abin da za ta tsaya da shi sai nauyinta. Duk dutsen da aka rage, ƙarfi aka rage. Lissafin turin ƙasa daɗaɗɗe ne. Charles Coulomb, injiniyan sojan Faransa, ya fitar da nasa a 1776, William Rankine na Birtaniya ya zo da nasa a 1857, har gobe kuma da su injiniyoyi ke aiki. Ba sai mun nutsa a ciki ba, amma akwai abin da ya kamata mai gida ya riƙe. Turi ba ya tafiya kafaɗa da kafaɗa da tsayi. In ka ninka tsayin katanga sau biyu, turin ya ninku sau huɗu, ƙarfin da ke neman kifar da ita kuwa sau takwas. Sai kuma ruwa. Busasshiyar ƙasa mai yashi-yashi a bayan katanga mai tsayin mita 1 tana yin turin kusan kilo 300 a kan kowace mita ta tsawon katangar. In ruwa ya cika ƙasar nan ya rasa mafita, turin ya haura kilo 600. Katanga ɗaya, ƙasa ɗaya, ruwa kawai ya shiga.

To bari mu ɗauki misali mu bi shi har ƙarshe. A ce kana so ka tare ƙasa mai tsayin mita 1 a tsawon mita 10, da dutse zalla, ba siminti.

Tsayin da za ka rubuta ba mita 1 ba ne. Sahun farko a cikin rami yake zama, don kada gindin katangar ya zame, kada kuma ruwa ya rarake ƙarƙashinsa. Ƙara santimita 20 na binnewa, tsayi ya zama mita 1.2. Kauri a gindi rabin wannan ne, santimita 60, yana raguwa har ya zama 40 a sama. Haɗa 60 da 40 ka raba biyu, matsakaicin kauri santimita 50 ke nan, wato rabin mita. Yanzu ninka tsawo da tsayi da kauri: 10 sau 1.2 sau 0.5. Ya ba ka kubik mita 6. Kubik mita ɗaya shi ne cikin akwatin da tsawonsa da faɗinsa da tsayinsa kowanne mita ɗaya ne.

Wanda ya yi ƙiyasin ido kuwa yakan ce mita 10 sau mita 1 sau kaurin dutse guda, santimita 30, ya sami 3. Tun a matakin farko ya zubar da rabi, kuma ba a zo inda aka fi yin asara ba.

Raguwar kauri daga gindi zuwa sama a fuskar waje ya kamata ta kasance, yadda katangar za ta jingina da ƙasar da take tarewa. Maginan dutse sukan ba ta kwanciyar santimita 1 a kowane santimita 6 na tsayi, kuma in ka duba misalinmu, santimita 20 a cikin 120 daidai hakan ne. Wannan ba son ran magini ba ne. A 1834 wani injiniyan sojan Birtaniya, John Burgoyne, ya gina katangu huɗu na gwaji a Kingstown ta ƙasar Ayalan, duka da dutse ba siminti, kowace tsayin ƙafa 20, kowace da yawan dutse iri ɗaya. Fasali kawai ya bambanta. Aka riƙa zuba ƙasa a bayansu a hankali. Biyun da fuskarsu ta kwanta zuwa wajen ƙasa suka tsaya, biyun da fuskarsu ta miƙe sak suka rushe. Ina son labarin nan domin yana nuna cewa ba za ka iya sanin yawan dutse ba sai ka fara zana yankin katangar a takarda: ga gindi, ga sama, ga kwanciya. Wanda bai zana ba, bai san me yake saye wa dutse ba.

Yanzu ga inda mutane suka fi ruɗewa. Kubik mita 6 girman katanga ne bayan an gina. Ba shi ne girman tulin da za a juye maka ba. Dutsen da magini ya jera, ya juya kowanne har ya sami mazauni, ya cusa ƙanana a tsakani, ya fi matsuwa nesa da wanda mota ta zubar birjik. Hanyar da ba ta ruɗarwa ita ce a koma ga nauyi. Dutse mai tauri irin giranit, in babu rami ko kaɗan a jikinsa, kubik mita ɗaya na da nauyin tan 2.6 zuwa 2.7. A katangar da aka jera da kyau, kusan kashi ɗaya cikin huɗu iska ce a tsakanin duwatsu. Saboda haka kubik mita ɗaya na katanga na cin kusan tan 2. Namu 6 ne, tan 12 ke nan.

A kan wannan sai ƙarin asara. Akwai dutsen da zai fashe ba yadda aka so ba, akwai wanda duk yadda ka juya shi ba zai zauna ba, akwai ɓarɓashin da guduma ke zubarwa. Magini kuma sai da zaɓi: in dutse ya zo cif-cif, sahun ƙarshe da ragowar da aka ƙi tun farko za a yi shi, kuma nan ne ido ya fi sauka. Ina ƙara kashi 15 cikin 100 ga dutsen da bai da fasali. In an sassaƙe shi ya zo da kusurwoyi, kashi 10 ya isa. In katangar na da kwana da yawa, ko matakala, ko ƙarshe biyu da za a gani, a kai 20, domin kusurwa na buƙatar dutse mai fuska biyu, shi kuwa ba ya yawa a cikin lodi. A misalinmu tan 12 da kashi 15 ya zama kusan tan 14.

In mai sayarwa da sikeli yake aiki, magana ta ƙare: a auna mota cike, a auna ta ba kaya, bambancin shi ne naka, ka kuma karɓi takardar awon. In da girman lodi yake sayarwa, sai a yi hattara. Tulin dutse da aka zuba haka kawai nauyinsa bai fi tan 1.5 zuwa 1.7 a kubik mita ba. Raba 14 da 1.6, za ka ga kana buƙatar kusan kubik mita 9 na tuli don gina katangar kubik mita 6. Mai ƙiyasin ido da ya sayo 3, kashi ɗaya cikin uku na buƙatarsa ya sayo.

Wanda ke shakkar cewa iska na da yawa haka a cikin tuli, ga gwajin da nake yi wa masu gida a gabansu. Ɗauki bokiti mai cin lita 20, cika shi da tsakuwa har baki, ka share saman da hannu. Kowa zai ce ya cika. Sai ka riƙa zuba ruwa da robar lita ɗaya kana ƙirgawa. Ruwan zai yi ta ɓacewa a tsakanin tsakuwar, kana jin ƙararsa yana gangarawa, kuma sai wajen lita 8 zai fara leƙowa a sama. Kashi 40 cikin 100 na bokitin da ka ce ya cika, iska ce. Manyan duwatsu marasa fasali a cikin bodin mota haka suke, wani lokaci ma sun fi.

Tifa kuma ba ma'auni ba ce. Akwai ƙarama, akwai babba, akwai wadda aka ƙara wa bodi katako, akwai direban da zai tsaya a hanya. Kafin a juye, hau da tef. Auna tsawon bodi daga ciki, auna faɗi, auna zurfin kayan a wurare uku ko huɗu ka ɗauki matsakaici, kada tozon tsakiya ya ruɗe ka. Bodi mai tsawon mita 4 da faɗin 2.2 da kaya mai zurfin santimita 80 na ɗauke da kubik mita 7, wato wajen tan 11. Ga katangarmu bai isa ba, ko da kuwa direba ya rantse cewa lodin ya cika. Wannan awon ba zargin kowa ba ne, kuma mai sayarwa na gari ba ya jin haushinsa.

Nau'in dutse ma na canza lissafin. Baƙin dutsen aman wuta ya fi giranit nauyi, yakan kusa tan 3. Dutsen yashi da na farar ƙasa galibi sun fi sauƙi. Marmara, wato jan dutsen nan mai ramuka-ramuka, ta fi su duka sauƙi, ga saurin marmashewa. In dutse mai sauƙi ne, tan ɗaya zai cika wuri mai yawa, amma kada a yi murna: tunda nauyi ke riƙe ƙasa, katangar sai ta ƙara kauri. Masu koyo daga bidiyon intanet kuma su lura da ma'aunin mai magana. Tan na Amurka kilo 907 ne, ba 1,000 ba. Kubik yadi da suke yawan ambata kubik ƙafa 27 ne, kusan kashi uku cikin huɗu na kubik mita, shi kuwa kubik mita ya ɗan haura kubik ƙafa 35. Zaɓi ma'auni ɗaya ka tsaya a kansa daga farko har ƙarshe. Haɗa ƙafa da mita a takarda ɗaya ya sha jawo asara.

Har yanzu ba mu taɓa tsakuwa ba, ita ce kuma aka fi mantawa. A ƙarƙashin sahun farko ana shimfiɗa tsakuwa mai kaurin santimita 15, a daɓe ta sosai, faɗinta ya wuce gindin katanga da santimita 10 kowane gefe. A misalinmu 10 sau 0.8 sau 0.15, kubik mita 1.2 ke nan. Ramin da za a haƙa zurfinsa ya zama santimita 35. A bayan katanga kuma ana tayar da tsakuwa mai faɗin santimita 30 tun daga gindi, tana hawa tare da ginin sahu bayan sahu, a bar santimita 20 na sama a rufe da ƙasa. Wannan 10 sau 0.3 sau 1 ne, kubik mita 3. Jimla 4.2, da ƙarin kashi 10 saboda daɓe na sa ta zauna, ya kai 4.6, sama da tan 7. Ka ga katangar da ido ya ce tifa guda ta isa ta ci tan 21 tsakanin dutse da tsakuwa.

Tsakuwar baya ta zama wankakkiya, ba mai garin dutse ba, domin gari na toshe hanyar ruwa. A gindinta a kwantar da fayif mai huda-huda, inci 4, da ɗan gangare zuwa inda ruwa zai fita ba tare da ya cuci kowa ba. Tsawonsa tsawon katanga ne da ƙarin abin da zai kai shi mafita. Tsakanin tsakuwa da ƙasa a shimfiɗa yadin tace ruwa da ake sayarwa don wannan aiki, in ba haka ba ƙasa za ta riƙa kutsawa a hankali har ta cike ramukan. Ba leda ba, ita tare ruwa take yi. Na ga an sa leda da kyakkyawar niyya, aka mayar da bayan katanga tafki.

Tan 14 kuma ba kowane irin tan 14 ba. In mota ta kawo maka manya zalla, ba abin cika ciki. In ƙanana ne zalla, ba abin gindi. Faɗa wa mai fasa dutse abin da za ka gina. Kana buƙatar manya masu shimfiɗaɗɗen ciki na sahun farko, matsakaita masu yawa na jiki, ƙanana na cusa wa tsakiya, da masu faɗi na rufe sama. Abin da na fi jaddadawa shi ne dogayen duwatsu da ake kwantarwa daga fuska har baya, su ɗaure katangar kada ta rabe gida biyu. A ƙalla guda a kowace murabba'in mita ta fuska. Tamu fuskarta murabba'in mita 12 ce, saboda haka dozin guda, kowanne ya kai kaurin katanga a inda zai zauna. Waɗannan a ware su gefe tun ranar da aka juye kaya, don lebura mai guduma ba ya sanin darajarsu. Dutsen rafi mai santsi, mulmulalle, in da hali a guje shi a ginin da ba siminti, ba ya kama ɗan'uwansa.

Akwai wani tarko ga wanda filinsa ba daidai yake ba. Mutum ya auna tsayi a wannan ƙarshe da wancan, ya ɗauki matsakaici, ya ninka. Lissafin zai gaza, tunda inda katanga ta fi tsayi nan ta fi kauri. A ce rabin mita 10 ɗin tsayinsa 0.6 ne, ɗaya rabin 1.8. Matsakaici 1.2 ne, sai ka ce kubik mita 6 kamar ɗazu. Amma lissafa kowane rabi da kaurinsa. Gajeren 5 sau 0.6 sau 0.25, ya ba da 0.75. Dogon 5 sau 1.8 sau 0.75, ya ba da 6.75. Jimla 7.5, ƙarin kashi ɗaya cikin huɗu. Maganinsa a kafa turaku kowace mita 2, a ja igiya a lebur, a auna tsayi a kowane turke, a lissafa gaɓa-gaɓa sannan a haɗa.

Wannan dalilin ne ya sa gabana ke faɗuwa in mai gida ya zo ana tsakiyar aiki ya ce a ƙara masa ƙafa biyu a sama. A wurinsa sahu uku ne ko huɗu. A wurin katangar, daga mita 1.2 zuwa 1.8 turi ya ninku fiye da biyu, a kan gindin da aka yi wa ƙaramin tsayi. Ba a ƙara wa katangar tare ƙasa tsayi daga sama, daga gindi ake sake ta. 'Yan'uwana magina, a nan ne ya kamata mu iya cewa a'a, ko da za a ba wani aikin.

In ƙasar da za a tare na da tsayi sosai kuma akwai fili, a yi tunanin hawa biyu. Katanga ɗaya mai tsayin mita 2.4, tunda kaurinta ma zai ninku, tana cin kubik mita 24 a tsawon mita 10. Biyu masu 1.2 kuwa 12 za su ci, rabi ke nan. Sharaɗin shi ne ta sama ta ja baya da aƙalla ninki biyu na tsayin ta ƙasa, in ba haka ba nauyinta a kan ta ƙasan zai sauka, a koma gidan jiya.

Wanda zai yi da siminti, girman katanga bai canza ba. Kwaɓi ne zai maye gurbin iskar, kuma a dutse marar fasali yakan ci kusan kashi ɗaya cikin uku. A katangar kubik mita 6, wajen kubik mita 2 na kwaɓi ke nan. In awo ɗaya na siminti ne da huɗu na yashi, a tanadi kusan buhu 15 masu kilo 50, da yashi sama da kubik mita 2. Dutse zai ɗan ragu, amma ni ba na rage oda saboda haka. Babban abin lura shi ne siminti na rufe duk ƙofofin da ruwa ke bi a katangar dutse zalla. Dole a bar ramukan tsiyaya a sahun da ke saman ƙasa kaɗan, kowace mita 1 zuwa 1.5, da guntayen fayif da suka ratsa har cikin tsakuwar baya. Siminti ba ya maye gurbin kauri. Siririyar katanga mai siminti in za ta faɗi, gaba ɗaya take kifewa.

Masu amfani da kejin ragar waya da ake cikawa da dutse, nasu lissafin ya fi sauƙi. Keji mai mita 2 da 1 da 1 kubik mita 2 ne, yana cin tan 3 da ɗoriya. Dutsen ya zama tsakanin santimita 10 da 20, ya fi idon ragar girma.

Duk abin da na faɗa na ƙaramar katanga ne a kan ƙasa mai ƙwari. A wasu ƙasashe dokar gini ta sa iyaka a ƙafa 4, wato mita 1.2 daga gindin tushe zuwa sama, abin da ya wuce nan sai da izini da zanen injiniya. Ina ganin hikimar iyakar ko a inda doka ba ta ce komai ba. Haka nan in mota za ta riƙa tsayawa a saman ƙasar da aka tare, ko akwai gini kusa da bakin, ko gangaren ya ci gaba da hawa a bayan katanga, ko ƙasar yumɓu ce mai kumbura da ruwa ta tsage da rani, to ko katangar gajeriya ce a nemi injiniya. Shi zai ba da kauri, kai kuma ka bi matakan nan ka fitar da yawan dutse.

Ina ba da shawarar a sayi dutsen a lokaci ɗaya daga wuri ɗaya. Launin dutse na canzawa yayin da masu fasawa ke ci gaba cikin dutsen, lodin da ya zo bayan wata biyu sau da yawa ba ya dacewa da na farko. Ɗauko ɗan cikon tan biyu kuma mota guda zai tayar, kamar cikakken lodi. Abin da ya ragu ba ya lalacewa, za a yi matakala da shi, ko a shimfiɗa a bakin fayif inda ruwa ke zuba don kada ya ci ƙasa.

Ranar da mota za ta zo, a tanadi inda za ta juye tun da wuri. Kada a bari direba ya zubar da tan 14 a saman gaɓar da aka yanke, alhali lebura na cikin rami a ƙasa. Gaɓar da aka yanke sabuwa ba abin da ke riƙe da ita, ga nauyin mota, ga na dutse. A juye a ɓangaren ƙasa, a bar hanyar baro tsakanin tuli da rami, a baza duwatsun gwargwadon girmansu yadda magini zai ga fuskar kowanne kafin ya ɗauka. Ƙasar da aka haƙo ita ma a ba ta wuri nesa da bakin rami, domin in ta fito takan ƙara girma da kusan kashi ɗaya cikin huɗu, kuma wadda tsakuwa da gindin katanga suka maye gurbinta ba za ta koma ba.

Na gode da filin da ka ba ni. Wassalam.

Naka,
Wani maginin dutse